SHIRUN REDIYO

Shafi na 21

Masu yi min ruwan saƙo tun jiya, wai na bar ku tsaye a bakin titi, ku yi haƙuri, ga mota ta zo. Masu zagin Rediyo kuma cewa ya cika riƙo, ku ɗan rage wuta, kada anjima ku rasa inda za ku sa fuskarku.

*

Tun daga gida har asibiti babu wanda ya ce da wani uffan.

Shugaba na jikin tagar dama, mijinta na jikin ta hagu, Yaya Babba ta yi daram a tsakiya kamar katanga. Mai tasi ma da ya leƙa madubi ya ga fuskokin, sai ya kashe waƙarsa ya kama tuƙinsa.

Wai Rediyo ne yau ake tafiya da shi shiru!

Mutumin da ya samo sunan nan a shagon askinsa, don in ya ɗora maka inji a goshi, kafin ya kai ƙeya ya ba ka labarin duniya da abin da ke cikinta. Shi ne ya laƙaba wa matarsa Shugaba tun suna amarci, wai ranar da ya aure ta ya sauka daga mulki. Ko ciwon dajin da aka gano masa a hanji bai rufe masa baki ba. A ɗakin da ake ƙara musu ruwan magani shi ne uban raha, kuma da gashin abokan jinyarsa ya fara zuba, shi ya zo da injinsa ya kwashe musu kyauta, yana mitar maganin nan ya zo ya kashe masa kasuwa.

Amma yau sama da mako ke nan rabon Shugaba da jin muryarsa.

Ta san dalili. Ya hana ta gaya wa kowa ciwon nan, musamman yayarsa mai hawan jini. Ita kuwa da abin ya yi mata nauyi a ƙirji, ta ɗauki waya ta fesa. Ranar da Yaya Babba ta diro gidan da jakarta da kukanta, kallo ɗaya ya yi wa matarsa ya ce, "Kin kyauta." Ba a jima ba ya ɗauke filonsa ya koma ɗakin baƙi, ya ɗaura takunkumin fuska har a cikin gida, in ta gaishe shi sai ya ɗaga mata hannu kamar mai tsayar da mota. An ce labarin zuciya a tambayi fuska, to fuskar ma ya rufe ta.

Abin da ya fi ci mata rai shi ne abinci. Za ta ɓata wuni a kicin, ta kai masa, ya ja ƙofa. In ta koma ɗaukar kwano sai ta tarar cokali ɗaya tak ya yi. Kullum haka. Da ma ya bar shi a rufe da ya fi mata daɗi, amma a buɗe a lasa a ture? Ai wannan cin fuska ne. Ita ma sai ta ɗau zafi, ta ce in gaba ce shi ya tara ya samu.

Ta saci kallonsa ta bayan gyalen Yaya Babba. Ruwan gora mai sanyi ya saya a bakin titi, ya ƙi karɓar wanda ta zubo masa daga gida, kuma ko buɗe shi bai yi ba, sai manna gorar yake a goshi da wuya. Ta kau da kai ta ja tsaki a ciki.

A ƙofar sashen aka haska masa na'urar auna zafi a goshi, aka ce ya wuce.

"Malam Rediyo!"

Sista ce, babbar nas ɗin ɗakin, dattijuwa mai tabarau a wuya da murya kamar ta shugabar makaranta.

"Yau ban ji ka tun daga get ba. An ɗauke wuta ne, ko batir ne ya mutu?"

Ya ɗaga mata hannu.

Sista ta rage fara'arta kaɗan.

"Hau ma'auni."

Ya hau. Ta kalli ma'aunin, ta sa tabarau, ta sake kallo, sannan ta kalli bel ɗinsa da aka huda wa sabon rami da ƙusa.

"Ina ka kai sauran jikin naka?"

Shiru.

"Shigo ciki. Ku ma ku shigo."

Ɗan ƙaramin ɗaki ne, gado ɗaya, kujera biyu, sai wurin wanke hannu. Rediyo bai zauna ba. Ya naɗe hannun rigarsa, ya nuna jijiyarsa, ya nuna ƙofar ɗakin ƙarin ruwa. Wato a sa masa maganinsa kawai ya tafi.

Sista ta zura safar hannu, ta ɗauki 'yar tocila da ɗan katakon danne harshe.

"Ka san dokata. Ba na sa wa kowa magani sai na leƙa bakinsa. Sauke takunkumin."

Ya girgiza kai.

"Malam Rediyo."

Ya ƙara girgiza kai, har da ja da baya.

Yaya Babba ta gyara zama, da ma jira take.

"Sista, kada ki wahalar da kanki. Fushi yake. Ga wadda ta ɓata masa rai nan, ita za ki tambaya."

Shugaba ta juyo a fusace.

"Ni, Yaya?"

"Da wa? Miji ya ce ki rufa masa asiri kin kasa."

"Asirin da na tona ai ke na tona wa! Da ban faɗa ba da kina can ba ki san halin da ƙaninki yake ciki ba!"

"Ni dai na san ɗan'uwana ba ya ƙin abinci haka kawai."

"To ki tambaye shi me na sa masa a ciki! Ki tambaye shi! Shekara nawa ina dafawa yana suɗe kwano, sai yanzu ne hannuna ya zama guba?"

Muryarta ta karye a ƙarshe, abin da ta rantse ba za ta bari ya faru a gaban mutane ba.

Sista ta ɗaga katakon hannunta.

"Tsaya. Me kika ce? Ba ya cin abinci?"

Shugaba ta share ido da bakin gyale.

"Tambayarki nake, Hajiya. Tun yaushe?"

Shugaba ta sunkuyar da kai.

"Ya kwana biyu."

Sista ta juya wajen mijin. Ta jawo kujera ta zaunar da Rediyo da kanta, ta durƙusa a gabansa, ta sassauta murya.

"Ɗan'uwana, ba faɗa zan yi maka ba. In ba ka so su gani, in fitar da su."

Ya kalli matarsa. Rabon da ya kalle ta ido cikin ido har ta manta. Idanun sun faɗa, sun yi ja. Ya daɗe yana kallonta, sannan ya girgiza kai, wato a bar su. Ya kai hannu bayan kunne ya zare igiyar.

Takunkumin ya ƙi sauka.

Ya manne a leɓensa.

"Kada ka ja!" in ji Sista da sauri. Ta jiƙa auduga ta dinga dannawa a hankali har ya saki. Cikin takunkumin duk busasshen jini ne.

Shugaba ta miƙe tsaye ba ta sani ba.

Leɓen nan da ba ya gajiya da zance ya tsattsage, ya yi ɓawo baƙi. Da Sista ta ce ya buɗe, iya abin da ya iya bai fi shigar yatsa biyu ba, kuma sai da hawaye ya zubo masa. Ta haska.

Cikin kumatun jajir kamar ɗanyen nama, gyambo a kan gyambo, wasu da farin abu a samansu. Harshen ya kumbura, gefensa duk ya saɓule. Ƙasan harshe, ganda, har can inda hasken tocila ya tsaya, babu wuri mai lafiya. Yawu mai kauri ya ɗauro kamar zare, ya yi sauri ya zaro hankici daga aljihu ya tare. Hankicin ma ya riga ya jiƙe.

"Innalillahi wa inna ilaihi raji'un!"

Yaya Babba ce ta faɗa, hannu biyu a ka.

Shugaba kuwa ko salatin bai fito ba. Ta koma kan kujerar jagwab. Gida ɗaya suke kwana, bango ɗaya ne tsakaninsu, wannan abu yana bakin mijinta ita tana can tana ƙirga laifinsa.

Sista ta ce, "Kada ka yi magana. Da kai za ka amsa min. Kana iya tauna abu mai tauri?"

A'a.

"Mai laushi fa, ko mai ruwa-ruwa?"

A'a.

"Ruwa?"

Ya ɗan tsaya. Ya haɗa yatsu biyu, kaɗan. Sai kuma ya girgiza kai.

"Yawunka kana haɗiyewa?"

Ya nuna hankicin.

"Zafin fa? In babu zafi hannu a rufe, in ya kai maƙura yatsu duka."

Ya ware yatsun hannu biyu gaba ɗaya.

Sista ta sauke ajiyar zuciya ta juyo gare su.

"Maganin da muke sa masa yana kashe duk abin da ke saurin girma a jiki. Daji na saurin girma, gashi na saurin girma, fatar cikin baki ma haka. Shi ya sa bayan an ƙara ruwan da 'yan kwanaki baki kan ɗauka. Hawa huɗu muke auna shi. Na farko ja ne da ɗan zafi. Na biyu gyambo, amma ana ci. Na uku sai abin sha kawai. Na huɗu ko ruwa ba ya wucewa."

"Nasa fa?" Yaya Babba ta tambaya.

"Ya kai ƙarshen bene, Hajiya."

Ta sake haskawa, ta kawo fuskarta kusa, sai ta yamutsa goshi. Ta shinshina.

"Wannan wurin ba aikin maganinmu ba ne. Ƙuna ce. Malam Rediyo, me kake sawa a bakin nan?"

Ya sunkuyar da kai.

"Me kake sawa?"

A hankali hannunsa ya shiga ɗaya aljihun. Ya fito da 'yar kwalba da dunƙulen auduga ya ajiye a kan gado.

Shugaba ta san kwalbar. Ko a mafarki ta gan ta za ta gane. Kwalbar na zaune a gaban madubin shagonsa tun kafin a haifi ɗansu na fari.

Sista ta buɗe murfin, ta kai hanci, ta janye da sauri.

"Sifirit? Sifirit ɗin aski? A baki?"

Yaya Babba ta dafe ƙirji.

"Na shiga uku. Ni na ɗauko masa. Ya nuna min makullin shago, ya yi min kwatance da hannu. Wallahi na ɗauka a jiki zai shafa!"

"A ɗanyen gyambo, Malam Rediyo? Kullum?"

Ya ɗaga kai. Ya kwatanta da yatsa a ƙeyarsa, yanka, sannan shafawa, sannan ya hura tafin hannu, wato ya bushe. Tun yana saurayi abin da ya sani ke nan. In aska ta kwashi mutum a shafa sifirit, ya yi ihu sau ɗaya, gobe ya kame. A wurinsa ciwo ciwo ne, na ƙeya da na baki duk ɗaya.

Sista ta zauna a bakin gadon.

"Mu da muke hana ku ko ruwan kurkure baki na kanti saboda ɗan zafin da ke cikinsa. Garin neman gira ka tashi rasa ido, bawan Allah."

Ta ɗauko wani magani mai kauri, ta lakata a auduga, ta bi gyambunan tana ɗiga masa a hankali.

"Wannan zai kashe zafin na ɗan lokaci. Kada ka tauna harshenka, ba za ka ji shi ba."

Tana cire safar sai ta tsaya cak, kamar wadda ta tuna ta bar tukunya a wuta.

"Tsaya ma tukuna. Ai na kira gidanku. Ina kiran duk wanda aka ƙara wa ruwa in ji lafiyar bakinsa. Tasa wayar ba a ɗauka ba, na kira ɗaya lambar. Wa ya ɗauka?"

Shugaba ta ɗago kai a hankali.

"Ni ce."

"Na kira na sake kira."

"Duk ni ce."

"Me na tambaye ki?"

"Kin ce... ya jikinsa. Ya bakinsa. Yana ci, yana sha."

"Kika ce me?"

Shugaba ta shiga murza bakin gyalenta.

"Kika ce me, Hajiya?"

"Na ce da sauƙi."

Yaya Babba ta buɗe baki, Sista ta ɗaga mata hannu ta rufe.

Shugaba ta fashe.

"To me zan ce, Sista? In an ce wa mutum ya mai jiki, me ake cewa? Ko a bakin kabari yake ai da sauƙi ake cewa! In buɗe baki in gaya wa wadda ba dangina ba cewa mijina ya bar min ɗaki, ya daina cin abincina? Na ɗauka tsakaninmu ne. Harshe da haƙori ma ana saɓawa. Na ce zai huce."

Sista ta kalle ta, ba da fushi ba, da wani abu da ya fi fushi ciwo.

"Ba gaisuwa na kira in yi ba, 'yar'uwata. Tambaya ce. Da kin ce min ba ya ci, ko dalilin mene ne, a ranar zan ce ku taho. Da yanzu ruwan gishiri da garin bekin soda kawai yake kurkurawa da shi, da burushi mai laushi, da ɗan maganin zafi."

Sai ta ƙara jefo tambaya.

"Me kike dafa masa?"

Shugaba ta so ƙasa ta tsage.

"Tun ƙarin ruwa na farko ya ce ba ya jin ɗanɗano. Ya ce kamar kwali yake taunawa, in ƙara yaji. Na ƙara. Da na ga ba ya ci sai na ɗauka bai ji ba ne... na dinga ƙarawa. Har lemon tsami nake matsawa. In kai masa da zafinsa, yana tururi."

Sista ta runtse ido.

"Barkono, tsami, zafi. Uku ke nan da ba a kai wa bakin nan ko kusa. Mai laushi, mai sanyi, marar yaji. Duk na faɗa masa ranar farko, kina waje kina kuka. Ya ce in bar masa, shi zai karanto miki da bakinsa."

Duk suka kalli Rediyo.

Maganin ya fara aiki. Ya motsa leɓe. Abin da ya fito ba muryar da suka sani ba ce, wata 'yar iska ce mai kaushi, sai da suka matso.

"Mai... hula."

"Wane mai hula?" in ji Yaya Babba.

Sista ta gane.

"Dattijon da ke zama kujerar kusa da kai? Mai jar hula?"

Ya ɗaga kai.

"Bakinsa... ya yi. Kika ce... a ɗage masa." Ya tsaya, ya tare yawu. "Bai... dawo ba."

Hawaye suka gangaro masa suka bi ramin kumatu.

"Kujerar... wani aka ba."

Sista ta saki baki tana kallonsa.

"Kai ka ɗauka mutuwa ya yi?"

Shiru.

"Shi ya sa ka ɓoye? Don kada in gani in ɗage maka?"

Ya ɗaga kai.

"La ilaha illallah. Malam Rediyo, Mai-hula yana nan da ransa! Hutu kaɗan aka ba shi bakin ya warke, aka canja masa rana. Jiya-jiyan nan yana zaune a ɗakin can yana tambayata ina wanzaminsa, wai gashi ya fara tsiro masa!"

Rediyo ya ƙura mata ido. Kansa ya fara girgiza a hankali, kamar yana so ya ce ƙarya ne, kamar kuma yana roƙon ta sake faɗa. Duk azabar nan, duk yunwar nan, audugar nan da yake dannawa a baki yana cizon filo don kada a ji shi, ashe a kan mutumin da ke can yana neman aski ne.

Yaya Babba ta rushe da kuka tana faɗin, "Autan Inna, ka kashe mu, ka kashe mu."

Shugaba ta sauko daga kujera ta durƙusa a gabansa. Tambaya ɗaya ce ke cin ta, kuma tana tsoron amsar.

"Baban yara."

Ya dubo ta.

"Ba fushi kake da ni ba?"

Ya girgiza kai. Ya ɗaga yatsa ɗaya, ya kwantar da kansa a tafin hannu, ya buɗe ido. Kwana ɗaya ya yi da fushin, da gari ya waye ya huce.

"Ɗakin baƙin fa?"

Ya nuna hankicin, ya toshe hanci.

"To cokalin nan? Cokali ɗayan da kake yi kullum?" Ta matso kusa da shi. "Zubarwa kake, ko? Ka ce min zubarwa kake."

Ya girgiza kai.

"Ci kake? Da bakin nan? Yajin nan?"

Ya tattaro abin da ya rage masa na murya.

"Kada... a ce... na ƙi abincinki... Shugaba."

Wani sauti ya fito daga ƙirjinta wanda ita ma ba ta san tana da shi ba. Ita da take ɗaukar kwanon tana jan tsaki, tana cewa ya raina ta. Ashe cokalin nan da take kira cin fuska, garwashi mutum yake haɗiya saboda ita. Kunya da tausayi da haushin kanta suka taru suka danne ta, ta rasa wanda za ta fara ji.

Ta kamo hannunsa da hannu biyu.

Sai ta saki da sauri.

Ta sake kamawa. Ta kai tafinta wuyansa, ta cusa cikin rigarsa.

"Sista! Jikinsa wuta ne!"

Sista ta ce, "A ƙofa an auna shi, an ce..."

Idon Sista ya sauka a kan gorar ruwan sanyin da ya ajiye a ƙasa, har yanzu ba a buɗe ta ba. Shugaba ma ta kalla. A tare suka gane abin da yake yi da ita a goshi tun cikin tasi.

Sista ta fizgo ma'aunin zafi ta cusa masa a hammata, ta ɗaura masa na hawan jini a ɗaya hannun. Babu raha a fuskarta yanzu ko ɗigo. Da abin ya yi ƙara ta duba, ta danna ƙararrawar jikin bango da ƙarfi.

"Tun yaushe yake zazzaɓi?"

Shugaba ta dubi mijinta.

"Hajiya, wannan amsar ita ce komai! Maganin ya kwantar da sojojin jininsa, ga baki a buɗe ƙwayar cuta na shiga kai tsaye. Zazzaɓi a wurinsa ba na jira ba ne. Yau ya fara? Jiya?"

"Ban... ban sani ba."

"Ba ki taɓa jikinsa ba?"

Me za ta ce? Rabonta da taɓa shi tun ranar da ya ɗauke filo.

Yaya Babba ta ce cikin kuka, "Shekaranjiya ya nuna min bargo. Yana ta karkarwa. Na ƙara masa biyu."

"Shekaranjiya!"

Sista ta leƙa waje ta ɗaga murya a kawo gadon turawa da ruwan ƙari, a kira ɗakin gwajin jini. Suka kama shi suka kwantar. Bai yi gardama ba. Hannunsa dai ya laluba ya damƙi gefen gyalen matarsa ya riƙe gam.

Likita ya shigo da sauri yana gyara abin sauraron ƙirji a wuyansa. Shi ma ya san Rediyo, kowa a sashen ya san shi. Ya dafa kafaɗarsa ya faɗi abin da baki ya saba faɗa.

"Malam Rediyo, ya jikin?"

Leɓen nan masu jini suka motsa.

"Da... sau..."

"Babu sauƙi!"

Ɗakin ya amsa. Shugaba ce, tsaye.

"Babu sauƙi, likita! Ƙarya ne, kada ka saurare shi! Sama da mako bai ci ba, ruwa ba ya wucewa, sifirit yake sawa a bakin, ni kuma barkono nake ba shi, zazzaɓin tun shekaranjiya ne! Ka tambaye ni komai, wallahi zan faɗa!"

Likitan bai tambaye ta komai ba. Idonsa na kan na'urar hawan jini.

"Sista, sake aunawa."

Abin ya kumbura a hannun Rediyo, ya saki iska a hankali. Likita ya kalli Sista, Sista ta kalli likita.

"Yana sauka. Ku tura shi, yanzu!"

Shugaba ta ji gyalenta ya yi sako-sako.

Ta duba. Yatsun da suka damƙe shi sun buɗe, hannun ya zame ya rataya a gefen gado.

"Baban yara? Baban yara! Ka ɗaga min hannu kawai, ba sai ka yi magana ba!"

Hannun bai ɗagu ba.